Ƙirgen taurari: Tsohon agogon manoman Ajekoriya da ke jayayya da sauyin damina

A ƙaramar hukumar Ajekoriya da ke gundumar Dakoro a Jihar Maradi, babu tambayar da ta kai wannan nauyi a ƙarshen bazara: yaushe za a yi shuka? Damina a wannan yanki gajeriya ce, daga wajen Yuni zuwa Satumba, kuma ruwan da ake samu a yawancin shekaru bai wuce milimita 300 zuwa 400 ba. Wanda ya zuba iri da ruwan farko, sannan sama ta ɗauke na mako biyu ko uku, ya yi asarar irinsa. Wanda kuma ya yi jinkiri, ruwa na iya yankewa gero bai nuna ba.

Tun kafin agogon hannu da wayar salula, malamai da dattawan ƙasar Hausa suna da hanyar amsa wannan tambaya, wato ilimin taurari da hisabi.

Yadda lissafin yake

Kalandar Musulunci tana bin wata ne, shekararta kwana 354, ta gaza shekarar rana da kimanin kwana 11. Shi ya sa azumi ke zagaya rani da damina cikin kusan shekara 33. Irin wannan kalanda ta dace da ibada, amma ba za ta faɗa wa manomi lokacin shuka ba.

Saboda haka malamai suka riƙe ƙirge na biyu da suka gada daga littattafan Larabawa: manzilolin taurari 28. Kowane tauraro yana cin kwana 13, in ban da Jabha mai kwana 14, jimilla kwana 365. An raba su bakwai-bakwai ga bazara, damina, kaka da ɗari. Surayya, Dabaran, Haƙa'a, Hana'a, Zira'a, Nasara, Ɗarfa da Jabha suna biye da juna daga gabatowar damina zuwa tsakiyarta.

Surayya ita ce Hausawa ke kira Kaza da 'Ya'yanta. Tana ɓacewa cikin hasken rana a wajen watan Mayu, ta sake bayyana gabas kafin fitowar rana a watan Yuni, daidai lokacin da ake sa ran faɗuwar damina. Yini ma haka ake auna shi da inuwa: asuba, hantsi, walaha, azahar, la'asar har almuru.

Inda ilimi ya haɗu da tsibbu

Wannan fanni bai tsaya ga noma kaɗai ba. Akwai masu duba ranar sa'a kafin ɗaurin aure, tafiya ko aza harsashin gida. Akwai labaran masu ɗaure ruwa, da na waliyyan da ake cewa ana naɗe musu ƙasa su yi tafiyar wata guda cikin ƙiftawar ido.

Wanda ya fi shahara a wannan fage daga ƙasar Hausa shi ne Muhammadu bin Muhammadu Alfulani Alkashinawi, Bakatsinen da ya tafi aikin Hajji ya zauna a Alƙahira, inda ya rasu a 1741. Ya yi rubutu a kan hatimi na lissafi, wanda masana tarihin lissafi ke nazari har yau, kuma littafinsa Addurrul Manzum ya tattara ilimin ɗalasimai da taurari.

Sai dai malaman Musulunci sun ja layi. Sanin taurari don gane alƙibla, hanya da lokutan shekara halal ne, kuma aya ta 5 a Suratu Yunus ta ambaci manzilolin wata a matsayin hanyar sanin ƙidayar shekaru. Amma jingina saukar ruwa ga ikon wani tauraro, hadisin Zaidu bin Khalid da ke Bukhari da Muslim ya yi kakkausan gargaɗi a kansa.

Taurari na nan, damina ta sauya

Matsalar yau ba daga sama take ba. Lokacin fitowar taurari yana gusawa da kusan kwana ɗaya ne kacal a kowace shekara 72. Abin da ya rikice shi ne ruwan. Tun farin 1973 da na 1984, manoman Sahel suka san cewa damina na iya saɓa wa ƙirge, kuma ƙarancin abincin 2005 ya yi wa Jihar Maradi mummunar illa. Tauraro yana faɗin lokacin da aka saba samun ruwa, ba ya faɗin abin da zai faru bana.

Wannan giɓi ne cibiyar AGRHYMET da ke Yamai, wadda aka kafa a 1974, ke ƙoƙarin cikewa. Kowace shekara kafin damina takan tara masana yanayi na yankin su fitar da hasashen ko damina za ta zo da wuri ko za ta makara, da yiwuwar dogon fari a tsakiyarta. Ma'aunin da masana ke amfani da shi a Sahel shi ne a samu ruwa milimita 20 cikin kwana uku, ba tare da fari na fiye da mako guda ya biyo baya cikin kwana 30 ba. Cibiyar binciken noma ta INRAN da ke Tarna kusa da Maradi kuma tana yaɗa irin gero mai saurin nuna kamar HKP.

Duk da haka hasashen zamani ma yiwuwa yake faɗa, ba tabbas ba. Shi ya sa manoma da dama ke raba ƙafa: su yi binne a wani sashe na gona kafin ruwa, su ajiye sauran irin sai ƙasa ta jiƙe sosai.

Ga 'yan ci-rani da ke Kano, Legas, Agadas ko Libiya, wannan lissafi ya shafi aljihunsu kai tsaye. Kuɗin iri da ya isa gida bayan an gama shuka ya rasa rabin amfaninsa, kuma idan shukar farko ta ƙone, wayarsu ce ke fara ƙara. Mai son taimakon gida ya aika tun Kaza ba ta fito ba, ya kuma ware na shuka ta biyu.