Kama da Wane Ba Ta Wane: Ka San Dutse Kafin Ka Kai Shi Gida ko Kasuwa

Wata ranar kasuwa ina zaune a rumfar wani tsohon maƙerin zinari, sai ga wani magidanci ya shigo yana waige-waige. Ya tsuguna, ya kwance bakin wani tsumma, ya zube duwatsu huɗu masu ruwan ɗorawa, suna ta walƙiya. Ya rage murya ya ce, "Baba, a duba mini. Raguna biyu na sayar na karɓo su."

Tsohon bai ce uffan ba. Ya ɗauki ɗaya ya jinjina a tafin hannu, ya goga shi a gindin wani fasasshen tangaran, sai baƙin layi ya fito. Ya ɗora shi a kan uwar maƙera ya ba shi guduma ɗaya, dutsen ya tarwatse ya zama gari. Sannan ya ɗago kai ya ce, "Ɗana, sai haƙuri. Zinari in ka doke shi bajewa yake yi, ba ya fashewa."

Abin da aka sayar wa bawan Allahn nan shi ne fairait, haɗin ƙarfe da kibiritu, wanda ya daɗe yana cin dukiyar masu gaggawa. Gwajin da ya tona asirinsa bai kai minti biyu ba. Yanzu da haƙar ma'adinai ta zama sana'ar dubban matasa daga Zamfara zuwa Nasarawa, daga Birnin Gwari zuwa Jado a arewacin Nijar, sanin dutse ya tashi daga aikin 'yan jami'a kaɗai. Wanda bai san abin da ke hannunsa ba yana iya asarar kuɗi, yana iya asarar rai.

Dutse daban, ma'adini daban

Ma'adini abu guda ne mai sinadarinsa da taurinsa da siffarsa, kamar zinari, kuza, tama ko gishirin Bilma. Dutse kuwa taron ma'adinai ne, kamar garau-garau da ke haɗa shinkafa da wake. Ɗauki ɓallin dutsen da ake fasawa don kankare ka duba shi a rana. Za ka ga ƙwayoyi masu kama da gilashi, su ne kwats. Ka ga farare ko jajaye-jajaye, su ne felsfa. Ka ga baƙaƙe masu ƙyalli da ke ɓarewa kamar ɓawon albasa, su ne maika. Su ukun nan suka haɗu suka zama giranit.

Masana sun kasa duwatsu gida uku bisa yadda suka samu. Na farko su ne waɗanda suka narke a cikin ƙasa sannan suka huce suka daskare. Dutsen Zuma, Kufena ta Zariya da Kwatarkwashi duk 'yan wannan gida ne, haka ma baƙin dutsen tudun Biu da ya fito daga aman wuta. Kuzar Jos daga giranit ta samo asali, kuma a cikin wasu jijiyoyi masu manyan ƙwayoyi na wannan dangi ake samun tantalait, litiyam, tomalin da akwamarin a jihohi irin su Nasarawa da Kaduna.

Gida na biyu su ne waɗanda suka kwanta hawa-hawa daga yashi, laka da ɓawon halittun ruwa. Farin dutsen da ake siminti da shi a Kalambaina, Ashaka da Malbaza na cikinsu. A irin wannan shimfiɗa ake samun gawayin ƙasa na Inugu da Maiganga, da yuraniyam na Arlit, da ƙasusuwan manyan dabbobin dā da aka tono a Gadufawa cikin hamadar Tenere.

Gida na uku su ne waɗanda zafi da dannewar ƙasa suka rikiɗa su, kamar mabul, da duwatsun da ke tsagewa falle-falle. A yankunan Anka, Maru da Birnin Gwari, zinari yakan zauna ne cikin fararen jijiyoyin kwats da suka ratsa irin waɗannan duwatsu.

Amfanin sanin gidajen shi ne kowane ma'adini yana da unguwarsa. Wanda ya ce maka ya tono gawayin ƙasa a tsakiyar giranit, ka san zance ne kawai.

Gwajin da kowa zai iya

Launi shi ne babban mayaudari. Kwats kaɗai yana zuwa fari, shunayya, ruwan hoda, rawaya da ruwan hayaƙi. Saboda haka ba a yanke hukunci da ido, sai an bi ta waɗannan hanyoyi.

*Layi.* Goga dutsen a gindin tangaran ko bayan tayil, inda babu santsi. Zinari yana barin layi rawaya. Fairait yana barin baƙi mai ratsin kore. Tama irin ta hematait, ko da baƙa ce a ido, layinta ja ne kamar busasshen jini.

*Tauri.* A shekarar 1812 wani Bajamushe, Friedrich Mohs, ya jera ma'adinai goma daga mafi laushi zuwa mafi tauri: talak na 1, daiman na 10. Ƙa'idar ita ce mai tauri yana kartar mai laushi. Farcen mutum kimanin 2.5 ne, wuƙa da gilashi kimanin 5.5, kwats 7, safaya 9. Jifsam, da ake sa wa siminti, farce ma yana kartarsa. Zinari bai wuce 3 ba, don haka tsinin wuƙa yana shiga jikinsa. Fairait ya haura 6, wuƙa sai dai ta zame. A nan ne kuma ake yaudarar mutane da cewa "ka ga yana yanka gilashi, ai daiman ne". Kwats ɗin da ke zube a bakin rafi ma yana yanka gilashi.

*Nauyi.* Da za a cika kwalbar lita ɗaya da zinari zalla, sai ta haura kilo 19. Fairait zai ba da kamar kilo 5, kwats bai kai 3 ba. Shi ya sa zinari ke kwanciya a gindin ƙwarya idan ana wanki, maika mai ƙyalli kuwa ta bi ruwa. Farin dutse da ya yi nauyi fiye da kamanninsa yana iya zama barait, wanda ake amfani da shi wurin haƙar rijiyar mai.

*Fashewa.* Galina, wato dutsen dalma, tana ɓarewa ƙananan murabba'ai kamar sukari mai iyali, maika falle-falle, kwats kuwa kamar fasasshiyar kwalba.

*Maganaɗisu da tsami.* Maganaɗisu yana jan baƙin yashin magnetait, ba ya jan zinari. Amma ba ya jan tagulla ma, don haka garin tagulla da aka cuɗa da garin zinari zai tsallake wannan gwaji, sai maƙeri ya sa ruwan gwajinsa. Farin dutsen siminti kuwa, in ka kankare garinsa ka ɗiga masa ruwan lemun tsami, zai yi 'yan kumfa.

Gwaji ɗaya ba ya isa hujja. Sai uku ko huɗu sun yi baki ɗaya. Kada a lasa dutse, kada a ƙona shi, kada a zuba masa ruwan batir.

A harkar duwatsun ado an fi shan wuya. Ana goge fasasshiyar kwalba shuɗiya ko koriya a ce safaya ce ta Mambila. Ka ɗaga ta a haske: in ka ga 'yan kumfan iska zagayayyu a ciki, gilashi ne. Akwai kuma safayar da ake haɗawa a masana'anta, taurinta ɗaya da ta ƙasa, sai ƙwararre da na'ura ke rarrabe su. Duk wanda ya tare ka da "sirri ne, kada kowa ya ji, yau zan bar gari", ka tuna banza ba ta kai zomo kasuwa. Asarar tana zuwa ta ɗaya gefen ma: mahaƙi ya sayar da buhu a farashin tsakuwa, dillali ya san abin da ke ciki, shi bai sani ba.

Dutsen da ya shiga gida ya kashe yara

Asarar raguna ana mayar da ita. Abin da ya faru a Zamfara a 2010 ba ya mayuwa. A ƙauyukan Dareta, Abare, Yargalma, Bagega da maƙwabtansu cikin ƙananan hukumomin Anka da Bukkuyum, yara ƙanana suka riƙa amai da jijjiga suna mutuwa. An zaci zazzaɓin cizon sauro ne ko sanƙarau, har likitocin ƙungiyar MSF suka gano gubar dalma ce. Aƙalla yara 400 suka rasu, dubbai suka kamu.

Musabbabin shi ne dutsen zinarin da ake ɗebowa daga ramuka yana ɗauke da dalma mai yawa. Ana kawo shi cikin gida, a daka a turmi, a niƙa a injin niƙa, a shanya a tsakar gida inda yara ke rarrafe suna kai hannu baki. Ƙurar ta sauka a tuwo, a randa, a tabarma. Sai da aka kankare ƙasar gidaje aka zuba sabuwa kafin magani ya yi amfani, domin yaron da aka yi wa magani ya koma cikin ƙurar kamar ba a yi ba ne. A 2015 abin ya sake aukuwa a ƙaramar hukumar Rafi ta jihar Neja, yara 28 suka rasu. Waɗanda suka tsira da rai kuwa, dalma takan bar musu rauni a ƙwaƙwalwa har girma.

Dalma ba baƙuwarmu ba ce. Galina, wannan dutse mai nauyi da ƙyalli kamar azurfa, ita ce tozalin da ake niƙawa a zuba a tandu. Saboda haka a daina ranbaɗa wa jarirai kwallin dutse, don yaro yana murza ido ya kai hannu baki. Haɗarin kuma shi ne ba kullum dalma ke ƙyalli ba. In iska da ruwa suka daɗe suna cin galina, takan koma fari-fari ko toka-toka, ta saje da sauran dutse, kuma a wannan hali ta fi saurin narkewa a cikin yaro. Ido ba ya ganinta, sai ɗakin gwaji.

Zaiba da ake kama garin zinari da ita ma guba ce. Hayaƙinta idan ana ƙona ta yana lalata jijiyoyi da ƙoda. Ƙurar kwats tana taruwa a huhun mai fasa dutse, ta bar shi da tari da haki, ta kuma buɗe ƙofa ga tarin fuka. Baƙin yashin da ya rage a tsofaffin wuraren wankin kuza na Filato yana ɗauke da monazait mai fitar da tururin nukiliya, don haka ba yashin gini ko shafe ɗaki ba ne.

Abin yi

Duk dutsen da ya fito daga rami a ɗauke shi mai guba har sai an gwada. A yi daka da niƙa nesa da gari, a jiƙa shi da ruwa don ƙura ta kwanta. Turmi, ƙwarya, buhu da injin da suka taɓa dutse kada su sake taɓa abinci. Mahaƙi ya yi wanka ya sauya tufafi a wurin aiki kafin ya ɗauki ɗansa. Yara da masu juna biyu su nisanci wurin. Yaron da ke jijjiga a garin da ake haƙa a gaggauta kai shi asibiti, a kuma gaya wa likita sana'ar gidan.

Kafin saye ko sayarwa, a ɗebi samfuri daga wurare daban-daban na ramin, ba mai kyawun kaɗai ba, a rubuta inda aka ɗebo. Hukumar binciken ƙasa ta Nijeriya tana da ɗakunan gwaji a Kaduna, kuma jami'o'i irin su Ahmadu Bello ta Zariya da ta Jos suna da sashen ilimin duwatsu. A kuma sani cewa a dokar ma'adinai ta 2007, abin da ke ƙarƙashin ƙasa yana hannun gwamnatin tarayya ko da a gonarka yake. Haƙa sai da lasisi, kuma ƙananan mahaƙa sun fi samun sauƙin hakan idan suka haɗu a ƙungiya.

Magidancin nan da ya tashi tafiya, ya ce zai kai sauran ukun gida yara su yi wasa da su. Tsohon ya riƙe bakin tsumman ya ce, "A'a, ɗana. Na san ba zinari ba ne, amma ban san duk abin da ke cikinsu ba. Bar su nan." Tsohon ya tsufa yana gwada ƙarfe, ya kuma san inda saninsa ya tsaya. Mutumin ya fita ba raguna, ba dutse, amma ya koma gida hannunsa tsaf.