CARLOS PAREDES, MAKAƊIN DA YA SAN CIWON BAƘUNTA

Duk wanda ya taɓa hawa mota ya ratsa Abaji da Lakwaja, ya sauka Ikko ko Badun ba shi da kowa sai adireshin wani kawu, ya san abin da ake kira baƙunta. A can ƙasar Fotugal ta Turai an yi wani makaɗi da ya sa wannan ciwo a cikin kiɗa, har mutanen ƙasarsa suka kasa mantawa da shi. Sunansa Carlos Paredes.

An haife shi a garin Coimbra a 1925. Kiɗa gadonsa ne, domin ubansa Artur da kakansa duk gwanaye ne na garayar Fotugal, wadda ke da tsirkiya 12. Tun yana ɗan yaro ubansa ya fara koya masa. Amma da ya girma bai mai da kiɗa abin neman tuwo ba. Aikin gwamnati ya kama a asibitin São José da ke Lisbon, yana adana hotunan ƙashi na majiyyata.

Zamanin nan kuwa Salazar ke mulkin danniya. A 1958 'yan sandan ciki suka kama Paredes saboda yana cikin jam'iyyar Kwaminis wadda aka haramta. Ya yi wata 18 a kurkuku, kuma aka kore shi daga aiki.

To, wani mai shirya sinima, Paulo Rocha, ya ba shi aikin kiɗan fim ɗinsa na 1963 mai suna Os Verdes Anos, wato shekarun ƙuruciya. Labarin wani saurayi ne, Júlio, da ya baro ƙauye ya zo Lisbon wurin kawunsa don ya yi aikin gyaran takalma. Ya haɗu da wata yarinya, Ilda, 'yar aikin gida. Ita ta karɓi birni hannu biyu, shi kuwa birni ya ƙi karɓarsa. Kullum yana ganin an raina shi, zuciya ta yi ta cinsa, har a ƙarshe ya hallaka yarinyar da yake so.

Júlio ba mai yawan magana ba ne. Abin da bakinsa ya kasa faɗa, garayar Paredes ce ke faɗa wa 'yan kallo: kewar gida, da kunyar talauci, da tsoron komawa hannu rabbana. Yadda marigayi Ɗan Maraya Jos ya riƙa yi wa ɗan karen mota da sauran talakawa magana da kuntiginsa, haka shi ma wannan, sai dai shi ba ya waƙa, tsirkiya kaɗai ke magana. Kiɗan ya fita daga gidan sinima ya shiga gidajen mutane, har ya fi fim ɗin suna. A 1966 suka sake yin wani fim tare, Mudar de Vida.

Da sojoji suka kifar da mulkin danniya ranar 25 ga Afrilu, 1974, aka mayar da shi aikinsa. Duk da sunan da ya yi, bai raina kujerarsa ta asibiti ba, ya koma ya ci gaba da jera hotunan majiyyata.

A 1993 ciwon laka ya kama shi, ya raba hannunsa da garaya. Shekara 11 ya yi yana jinya, ya mutu ranar 23 ga Yuli, 2004, gwamnatin Fotugal kuma ta sa a yi zaman makoki a ƙasa baki ɗaya.