Hasumiyar Gobarau: Ginin ƙasar da ya daɗe yana jure ruwan damina a Katsina

A tsakiyar tsohon birnin Katsina, a unguwar Gobarau, akwai wani gini na jar ƙasa mai tsawon kimanin mita 15. Gidajen siminti sun kewaye shi, amma har yanzu shi ne abin da ake fara nuna wa baƙon da ya zo ganin tarihin birnin. Wannan hasumiya ita ce abin da ya rage na tsohon masallacin Juma'ar Katsina.

Yaushe aka gina ta?

Masana tarihi sun sha bamban kan shekarar da aka aza tubalinta. Ra'ayin da ya fi yaɗuwa yana danganta masallacin da zamanin Muhammadu Korau, wanda ake ɗauka a matsayin Sarkin Katsina Musulmi na farko, a ƙarni na 15. Wasu kuma suna haɗa ginin da zuwan Shehu Muhammad al-Maghili, malamin nan ɗan ƙasar Aljeriya ta yanzu, wanda ya zauna a Katsina da Kano wajen ƙarshen wannan ƙarni.

Akwai wani labari da Katsinawa suka gada kunne ya girmi kaka. An ce lokacin da za a fara ginin, malamai sun yi saɓani kan inda alƙibla take, har sai da wani Malam Jodoma ya nuna gabas da sandarsa, jama'a suka hango Ka'aba. Labarin baka ne, amma yana nuna girman da masallacin yake da shi a zukatan mutane.

Gobarau ya zama wurin sallah da karatu a lokacin da Katsina ke cikin manyan zangon fataken da ke ratsa Sahara. A wannan birni ne aka yi malamai irin su Ɗan Marina da Ɗan Masani a ƙarni na 17. Ita kuwa hasumiyar aiki biyu take yi: ladani na hawa ya kira sallah, masu gadi kuma na hango ƙurar mahara tun kafin su iso ganuwa.

Bayan jihadi, Sarki Ummarun Dallaje ya gina sabon masallacin Juma'a a farkon ƙarni na 19. Daga nan tsohon masallacin ya fara lalacewa, hasumiyar kaɗai ta tsira. An yi mata babban gyara a zamanin Sarki Muhammadu Dikko, wanda ya yi mulki daga 1906 zuwa 1944. Yanzu tana cikin wuraren tarihin da gwamnatin tarayya ta keɓe.

Hikimar magina

Wanda ya tsaya a gindinta zai ga hawa-hawa ce. Ƙasa ya fi faɗi da kauri, kowane hawa na sama ya fi na ƙarƙashinsa tsukewa, matakala kuma na kai mai hawa zuwa ƙoli. Wannan tsari shi ke sa nauyin ginin ya zauna daram.

Kayan aikin duk na gida ne. Maginan Hausa kan kwaɓa jar ƙasa da ciyawa, su mulmula tubali da hannu, su shanya a rana, sannan su jera da laka. Azara, wato itacen giginya da aka tsaga, ita ke riƙe gini domin gara ba ta cinta da sauƙi. A kan bango kuma akan shafa makuba, wadda ake samu daga ɓawon ɗorawa, don ruwa ya zame.

Irin wannan fasaha ce ta ɗaga hasumiyar masallacin Agadas a Nijar, mai tsawon mita 27, wadda ke cikin tsohon garin da Hukumar UNESCO ta sa a jerin wuraren tarihi na duniya a 2013.

Ginin ƙasa na son hannu

Sai dai ginin ƙasa yana da sharaɗi: duk damina tana zaftare wani abu daga jikinsa, dole a dawo a yaɓe. Shi ya sa mutanen Jenne a Mali ke fitowa kowace shekara su yi wa babban masallacinsu yaɓe. A Agustan 2023 wani sashe na tsohon masallacin Juma'ar Zariya ya rufta kan masallata, mutane da dama suka rasu.

Wannan darasi ya fi shafar kudancin jihar. A Ƙanƙara da Faskari da Sabuwa ruwan sama ya fi na birnin Katsina yawa, kuma hare-haren 'yan bindiga sun tilasta wa mutanen ƙauyuka da dama barin gidajensu. Masallacin ƙasar da aka bari ba mai yaɓe, damina kaɗan ta ishe shi ya koma tudu. Inda ake zaune lafiya ma, sau da yawa akan rushe tsohon gini a maye gurbinsa da bulo da kwano, matasan magina kuma sun fi karkata ga siminti.

Gobarau ta kai yau ne saboda kowane zamani an sami masu kwaɓa ƙasa su hau su gyara. Ƙananan masallatan ƙauyuka ba su da hukumar da ke kula da su. Ɗaukar hotonsu da waya, da rubuta abin da dattawa suka sani game da wanda ya gina su, aiki ne da kowane ɗan gari zai iya farawa kafin damina mai zuwa.