Kukan 'ya'yan tsuntsaye: shaidar yunwa ce ko dabarar wawure abinci?

A gidajen ƙasa na tsohon birnin Zariya, irin waɗanda ke kewayen Ƙofar Galadima, akwai wata 'yar tsuntsuwa da ba ta gudun mutane. Hausawa na kiran ta baiwar Allah. Namijin ja ne, macen kuwa launin ƙasa-ƙasa, kuma sukan yi sheƙa a ramin katanga ko a cikin jinka. A wasu sheƙun akan tarar da ɗan da ba nasu ba, yana buɗe baki kamar 'ya'yansu, yana kuka irin nasu, iyayen kuma suna ɗura masa tsaba ba tare da sun bambance shi ba.

Wannan baƙo ya shiga tsakiyar wata tambaya da masana ilimin halittu suka shafe fiye da shekara hamsin suna muhawara a kanta. Idan kuka ne ke jawo abinci, me zai hana kowane ɗan tsuntsu ya riƙa kuka fiye da yunwarsa? Idan kuwa kowa na zuzuta buƙatarsa, me ya sa iyaye ke ci gaba da saurara?

Saɓani a cikin sheƙa

A 1974 masanin Amurka Robert Trivers ya nuna cewa muradin iyaye da na ɗa ba su zama ɗaya ba. Uwa ta ba kowane ɗa rabin ƙwayoyin gadonta, saboda haka duk daidai suke a wurinta, kuma tana da buƙatar rage ƙarfi domin haihuwar gaba. Shi kuwa ɗa, kansa ya fi masa ɗan'uwansa kusa, domin rabi kawai suka haɗa. A lissafin masana, duk ɗan da ya gaji halin neman fiye da rabonsa zai fi rayuwa, ya kuma gadar da halin ga zuriyarsa. Ta haka kukan neman abinci ke ƙara tsanani daga tsatso zuwa tsatso.

Akwai shaidar da ta goyi bayan hakan. A 1994 James Briskie da abokan aikinsa sun kwatanta nau'o'in tsuntsaye, suka gano cewa inda 'ya'yan sheƙa ɗaya suka fi yawan kasancewa 'yan uba daban-daban, kukansu ya fi ƙara. Raguwar zumunci tana ƙara gasa.

Tsada ce ke tsare gaskiya

Amsar da ta fi shahara ta samo tushe daga Amotz Zahavi, wanda a 1975 ya kawo ra'ayin cewa alama tana zama abin dogaro idan yin ta na da tsada. A 1991 Charles Godfray ya ɗora wannan ra'ayi a kan kukan 'ya'ya ta hanyar lissafi. Idan kuka na cin ƙarfi ko yana jawo haɗari, ɗan da ya ƙoshi zai yi asara idan ya yi, mai yunwa ne kaɗai ribarsa za ta rinjayi asarar.

An jarraba wannan a fili. A 1994 David Haskell ya ajiye sheƙun roba da na'urar da ke fitar da kukan 'ya'yan tsuntsaye, ya ga cewa a ƙasa, masu farauta sun fi kai wa sheƙun da ke kuka hari. Rebecca Kilner ta Jami'ar Kambirij ta nuna a 1997 cewa bakin ɗan kanari yana ƙara ja idan yana jin yunwa, iyaye kuma sun fi ciyar da mai jan baki. A 2001 ta gano cewa 'ya'yan kanarin da aka sa su daɗe suna roƙo kafin a ba su abinci ba su kai sauran girma ba. Sai dai wasu gwaje-gwajen a kan wasu nau'o'in sun sami cewa ƙarfin da kuka ke ci kaɗan ne, shi ya sa har yau ba a rufe muhawarar ba.

Masu satar alama

Baƙon da ke sheƙar baiwar Allah ɗan wani ƙaramin tsuntsu ne, dangin zalaidu, wanda namijinsa baƙi ne mai sheƙi. Masana na kiran sa Vidua chalybeata. Macen ba ta yin sheƙa, sai ta faki ido ta saka ƙwanta a cikin na baiwar Allah. 'Ya'yan baiwar Allah suna da wani tambari a baki: ɗigogi baƙaƙe a ganɗa, da ƙululai masu haske a gefen baki waɗanda ke fitowa fili a duhun sheƙa. Ɗan baƙon yana zuwa da kwatankwacin wannan tambari. Bajamushe Jürgen Nicolai ya bayyana wannan kwaikwayo a 1964.

Robert Payne na Jami'ar Mishigan ya shafe shekaru yana bin waɗannan tsuntsaye a Afirka, har da arewacin Najeriya. A 1982 ya bayyana wani nau'insu, Vidua larvaticola, da samfurin da aka samo a Zariya. Aikinsa ya nuna cewa namijin yana koyon waƙar waɗanda suka rene shi, macen kuma tana zaɓar namiji mai waƙar iyayen riƙonta, sannan ta kai ƙwanta sheƙar irinsu. Da haka kowane nau'i ke manne wa mai masaukinsa, tambarin bakin kuma yana ƙara daidaituwa da nasa a tsawon zamani.

Tsuntsun kuku na Turai ya bi wata hanyar. Ɗansa yana tura ƙwan mai masauki waje, ya rage shi kaɗai. A 1998 Nick Davies da Kilner da David Noble sun nuna cewa kukansa guda yana kama da na cikakkiyar sheƙa mai yunwa, abin da ke sa iyayen riƙo su yi ta jigilar ƙwari. Wani ɗan'uwansa mai ɗigo-ɗigo a fuka-fuki yana saka ƙwai a sheƙar hankaka, kamar yadda Mundy da Cook suka rubuta a 1977 daga arewacin Najeriya. Hausawa na cewa hankaka mai da ɗan wani naka, amma a nan hankakan ne aka yi wa wayo.

Lokacin da iyaye ke toshe kunne

A 2016 Shana Caro da abokan aikinta na Jami'ar Okisfod sun tattara bayanai kan nau'o'in tsuntsaye 143. Sun gano cewa inda abinci ya wadata kuma samunsa tabbas ne, iyaye sukan ciyar da wanda ya fi roƙo, wanda galibi shi ne mafi rauni. Inda abinci ya yi ƙaranci kuma ba a san gobe ba, sai su yi watsi da kuka su ciyar da mafi girma. Balbela misali ce ta kusa. Ƙwanta ba ya ƙyanƙyashewa rana ɗaya, manyan suna saran ƙanana, kuma idan abinci ya gaza, autan ne yakan mutu.

Kenan darajar kuka ba ta tsaya a kan gaskiyar mai yin sa ba. Ta dogara da abin da ke hannun mai bayarwa, da yawan masu gasa, da kuma ko akwai masu kwaikwayon alamar.

Masana ba sa ɗaukar halin tsuntsu a matsayin ma'aunin abin da ya dace ɗan Adam ya yi, kuma kwatanta shi kai tsaye da barar yara a titunan Zariya zai ɓoye talauci da sakacin hukumomi da ke bayanta. Amma matsalar tantance mabuƙaci tana gaban duk mai rabon tallafi, daga kwamitin unguwa har zuwa rajistar marasa galihu ta ƙasa. Idan ƙarar murya ce ma'auni, masu iya kwaikwayo za su kwashe. Idan kuma kayan sun yi kaɗan aka bar rabo ga ƙarfi, mafi rauni ne zai fara faɗuwa. Baiwar Allah ba ta da abin dubawa sai baki da kuka. Hukuma tana da ƙidaya, da bincike gida-gida, da damar wallafa sunayen waɗanda suka karɓa domin jama'a su tantance.