Ƙwai a Kofi Kafin a Buga Ƙararrawa

Uwargida, kada yaro ya tafi makaranta da yunwa wai don an makara. In kina da maikirowef, na'urar nan ta ɗumama abinci, shafa ɗan mai a kofin tangaran, ki fasa ƙwai 2, ki sa gishiri da madara cokali guda, ki kaɗa sosai. Ba shi sakan 30, ki juya, sa'an nan ki ƙara 30 ko fiye, har ya kama jikinsa.

Amma fa ban da kofin silba, ƙarfe tartsatsi yake yi a ciki. Kada kuma ki kuskura ki sa ƙwai da ɓawonsa. Tururi ke taruwa ciki ya rasa mafita, sai ya fashe, wani lokaci ma bayan an fito da shi, a fuskar mai ɓarewa.