Ruwan Ya Dawo, Amma Ba Shi Ba Ne

Akwai wata magana da nakan ji a majalisun dattawa daga Argungu har Birnin Kabi duk lokacin da aka ambaci sauyin yanayi. Sai wani ya yi murmushi ya ce: "Yaro, wane sauyi? Da can kun ce hamada za ta cinye mu, ga shi yanzu ruwa har ya yi mana yawa. Damina ce ta koma yadda muka san ta." Ba na raina wannan magana, domin masu faɗinta sun ga abin da ban gani ba. Sun ga farin 1973, sun ga na 1984 da shanu suka riƙa faɗuwa a hanya. Kowa ya daɗe ya ga daɗau. Kuma gaskiya ne, tun shekarun 1990 ruwan sama ya ƙaru a yankin Sahel idan aka gwada da wancan lokaci.

Amma da izinin iyayena, ruwan da ya dawo ba shi ne wanda ya tafi ba.

Manomin fadamar Rima na da ya san halin gulbinsa. Ruwa yakan taso sannu a hankali, shinkafar gargajiya mai dogon kara tana bin sa tana tsawo, in ya ja baya ya bar laka mai taki da kifi a tafkuna. Ambaliya a lokacin arziki ce. Yanzu fa? Sai a yi mako biyu ko uku babu ɗigo, shuka ta fara yaushi, sannan a tafka a dare ɗaya abin da ya kamata ya sauka cikin wata guda. Wani bincike da mujallar Nature ta buga a 2017, bayan nazarin hotunan tauraron ɗan'adam, ya nuna cewa manyan hadura masu tsananin ƙarfi sun ninka sau uku a Sahel tun daga 1982, kuma masu binciken sun danganta hakan da ƙaruwar zafin Sahara. Ƙasar da aka sare wa itatuwa ba ta iya shanye irin wannan ruwa. Sai ya kwashi yashi ya zuba a gulbi, gulbi ya cike, ruwan baɗi ya rasa hanya ya faɗa gonaki.

Mun gani a 2020. A watan Maris aka dawo da bikin kamun kifi na Argungu bayan kusan shekara goma ba a yi ba, Shugaba Buhari da kansa ya halarta. Kafin Satumba ta ƙare, ruwa ya shanye shinkafar da aka ƙiyasta ta kai hekta 450,000 a jihar Kabi. Gulbin nan na Argungu dai shi ne ya ja baya a 2006 har aka hana shiga Matan Fada, inda ake kamun kifin bikin, da homa da gora saboda ƙarancin ruwa. Wanda ya ce komai ya koma daidai, sai ya gaya mana wace shekara ce daidai a cikin biyun.

Kada kuma a ɗora wa sama laifi duka. Madatsar Bakolori da aka kammala a 1978 da ta Goronyo da ta biyo baya sun canja lokacin zuwan ruwa da yawansa, kuma mutanen kwarin Rima ba su manta da ambaliyar 2010 ba. Madatsa an gina ta ne bisa lissafin ruwan wancan zamani. In hadari ya wuce lissafin, dole a buɗe ƙofa, na ƙasa su sha.

Abin da ya sa na damu da maganar dattawan nan shi ne tana kwantar da hankalin hukuma. A Birnin Kabi aka ƙaddamar da shirin bashin manoma na Babban Bankin Najeriya a Nuwamba 2015. Shinkafa ta bunƙasa, masana'antar shinkafa ta WACOT ta buɗe a Argungu a 2017, an gode. Sai dai irin da ya cika fadama shi ne Faro 44, gajere mai yawan amfani wanda ba ya jure nutsewa. Alhali tun 2017 aka fitar da Faro 66 da Faro 67, waɗanda kan yi kwanaki a ƙarƙashin ruwa su farfaɗo. Manomi nawa ne a Augie ko Suru ya taɓa riƙe su a hannu? Hukumar hasashen yanayi ta NiMet tana fitar da hasashen damina kowace shekara, amma a Abuja ake karanta shi. Dokar sauyin yanayi ta 2021 tana nan a takarda, masunci bai san da ita ba.

Roƙona ga gwamnatin jiha da Hukumar Raya Kogunan Sakkwato da Rima bai da yawa. A sanar da garuruwan bakin gulbi kwanaki kafin a saki ruwan Goronyo, ta rediyo da bakin hakimai da limamai. A kai iri mai jure ambaliya kasuwannin ƙauye kafin shuka. Ku kuma iyayenmu, ku da kuka san inda gulbi yake bi tun kafin a gina madatsa, ku nuna wa injiniyoyi tsofaffin hanyoyin ruwan da yashi ya toshe, a haƙe su tun da rani.