Duniyar Wasa Bayan Tafiyar Mai Masauki: Bayani a kan Raya Saba a Wasannin Neman Tsira

1.0 Gabatarwa

Daga cikin wasannin kwamfuta da suka yi tashe a 'yan shekarun nan akwai rukunin da za a iya kira wasannin neman tsira. A cikinsu ana jefa ɗan wasa a daji ko tsibiri hannu rabbana, ya sari itace, ya fasa dutse, ya kafa bukka, ya nemi abin kaiwa baka, sannan ya kare kansa daga namun daji da sanyi da yunwa. Fitattun misalai sun haɗa da Minecraft na kamfanin Mojang da ke Suwidin, wanda ya fito a kammale a 2011, da Rust na Facepunch da ke Ingila, wanda aka fara sayarwa a 2013, da Don't Starve Together na Klei da ke Kanada, da kuma Valheim na Iron Gate, shi ma daga Suwidin, wanda ya fito a watan Fabrairun 2021.

Abin da ya raba waɗannan da wasan ƙwallo ko na tsere shi ne aikin cikinsu taruwa yake yi. Ginin da aka bari yau shi ake tararwa gobe. Wannan ne ke haifar da matsalar da maƙalar ta sa a gaba. Abokai biyar sukan shafe makonni suna gina ƙauye guda, amma a kwamfutar mutum ɗaya aka buɗe duniyar tun farko. Ranar da ya yi tafiya, ko ya kwanta barci, ko wutarsa ta ɗauke, sauran huɗun ba su da hanyar shiga. Sun zama tamkar waɗanda suka yi gayya suka tara hatsi a rumbu ɗaya, mai makullin kuma ya bar gari.

2.0 Mai Masauki da Saba

Duniyar wasa abu biyu ce: fayil da ke riƙe da bayanin komai, da manhajar da ke karanta fayil ɗin tana raba labarinsa ga 'yan wasa. A Valheim, alal misali, kowace duniya tana zaune ne a fayil biyu. Ƙaramin, mai ƙarewa da .fwl, yana ɗauke da sunan duniyar da lambar da aka tsiro da taswirarta daga gare ta. Babban, mai ƙarewa da .db, yana ɗauke da duk wani canji da aka yi: bishiyar da aka sare, katangar da aka gina, kayan da aka zuba a akwati. Manhajar da ke riƙe da waɗannan ita ake kira saba. Wasu masu fassara suna rubuta "uwar garke", kuma kalmar tana da daɗin ji, sai dai tana nuna jagoranci fiye da hidima, alhali aikin na'urar hidima ne. Don haka aka zaɓi kalmar aro a nan.

Idan ɗan wasa ya buɗe duniya daga cikin wasan ya gayyaci abokansa, kwamfutarsa tana aiki biyu a lokaci guda, tana wasa kuma tana zama saba. Shi ne mai masauki, sauran kuwa baƙinsa ne, kuma da zarar ya rufe wasan masaukin ya tashi. Maganin da aka sani shi ne raba ayyukan biyu, wato a ɗora duniyar a kan keɓaɓɓiyar saba, manhajar da ba ta zana hoto, ba ta fitar da sauti, ba ta da ɗan wasa a cikinta. Daga nan wanda ya buɗe duniyar ya koma baƙo kamar kowa, shigarsa da fitarsa ba su shafi kowa ba.

3.0 Inda Ake Ajiye Sabar

Hanya mafi araha ita ce a ware tsohuwar kwamfuta a gida a bar ta a kunne. Iron Gate na ba da manhajar sabar Valheim kyauta ta dandalin Steam, tana ɗaukar 'yan wasa har goma, kuma da yake ba ta zana hoto, ba ta buƙatar na'ura mai tsada. Wahalar tana wajen hanyar shigowa. Kowace saba tana sauraron baƙi ta wata ƙofa mai lamba: Minecraft na kwamfuta ta 25565, Valheim ta 2456 da mai bi mata. Na'urar da ke rarraba intanet a gida ba ta barin saƙon da ba a nema ba ya shigo daga waje, don haka sai an umarce ta da ta miƙa duk abin da ya zo ta waccan ƙofa ga kwamfutar da sabar ke kai.

Wannan umarni yana aiki ne kawai idan gidan yana da adireshin intanet na kansa. Kamfanonin layin waya sukan haɗa masu hulɗa da yawa a bayan adireshi guda, ta yadda ƙofar waje ba a hannun mai gida take ba. Tun da mafi yawan masu shiga intanet a Nijeriya da Nijar ta layin waya suke shiga, wannan ne tarnaƙin farko da mai gwadawa a Kano ko Damagaram zai ci karo da shi, tun kafin a zo maganar wuta. Valheim ya sassauta lamarin a 2022 da ya ƙara tsarin da ke bi da saƙonni ta na'urorin PlayFab na Microsoft. Wanda ya kunna shi ba ya buƙatar buɗe ƙofa, lambar shiga kawai zai ba abokansa.

Hanya ta biyu ita ce haya. Ana biyan kuɗin wata ga kamfanin da ke da ɗakunan kwamfutoci masu wutar da ba ta yankewa, ko kuma ga mai wasan kansa, kamar tsarin Realms na Minecraft. Tana ɗauke wahalar wuta da ta ƙofa, amma yawanci da kuɗin waje ake biya, kuma idan na'urar tana Frankfurt ko Landan, nisan yana sa jinkiri tsakanin danna maɓalli da ganin sakamako. Akwai kuma dabara ta uku da wasan Grounded na Obsidian ya bi: fayil ɗin duniyar yana ajiye a intanet, duk wanda ya riga shiga cikin abokan shi ne mai masaukin wannan zama. Babu sabar da ke kwana a kunne, amma babu wanda ke jiran wani.

4.0 Shin Lokaci Yana Tafiya Idan Babu Kowa?

Mutane da yawa suna ɗauka cewa saba a kunne tana nufin duniya tana ci gaba da rayuwa, shuka na girma, dabbobi na haihuwa. Ba haka abin yake ba a ko'ina, kuma a nan ne wasannin suka fi saɓa wa juna.

A Valheim, idan ɗan wasa na ƙarshe ya fita, agogon duniyar yana tsayawa cak ko da sabar tana aiki. Wanda ya shuka karas ya tafi barci, idan babu wanda ya shiga a bayansa, zai tarar da su yadda ya bar su. A Minecraft an yanka ƙasa gunduwa-gunduwa, kowace mai faɗin tubali 16 da tsawon 16, kuma waɗanda ke kusa da ɗan wasa ne ake rayawa, gonar da ke nesa da kowa ba ta motsi. Don't Starve Together ya bar zaɓin a hannun mai saba, da wani layi a fayil ɗin saituna da ke cewa a dakata idan babu kowa ko kada a dakata. Lissafin a nan yana da sauƙi. Yini guda a wasan minti 8 ne, shekara kuma kwana 70 a tsarin asali. Barcin awa 8 daidai yake da kwana 60 na wasan. Wanda ya bar sabar tana gudu ya fita a farkon kaka zai farka ya tarar hunturu ya zo ya wuce, yana tsakiyar zafin bazara, abincin da ya adana kuma ya ruɓe.

Rust ya bi akasin haka da gangan. Ɗan wasan da ya fita ba ya ɓacewa, jikinsa yana nan kwance yana barci a inda ya bar shi, da kayansa a jikinsa, kuma kowa na iya fasa gidansa ya kwashe. Ginin ma yana cin kayan gyara daga wani akwati na musamman, idan suka ƙare sai ya fara rushewa. A irin wannan duniya, sauka daga intanet wani ɓangare ne na wasan, shi ya sa ƙungiyoyi kan so su sami mambobi a ƙasashe masu bambancin lokaci, don kada gida ya kwana babu mai gadi. Ko wanda ya tsira, a Alhamis ta farko a kowane wata sabuntawar wasan tana share taswira a koma farko. Ke nan tambayar da ta kamata abokai su fara yi ita ce me suke so ya faru a bayan idonsu, domin amsar ce ke nuna ko kuɗin haya yana da amfani a wasan da suka zaɓa.

5.0 Abin da Ke Kashe Saba

Saba ba ta rubuta kowane canji a faifai nan take. Tana riƙe duniyar a ƙwaƙwalwar wucin gadi, tana adanawa lokaci-lokaci. A Valheim tazarar asali minti 30 ce. Idan wuta ta ɗauke, aikin da aka yi tun adanawar ƙarshe ya tafi, idan kuma ta ɗauke ana tsakiyar rubutu, fayil ɗin na iya lalacewa. Saboda haka tsohuwar kwamfutar tafi-da-gidanka mai batir ta fi ta tebur dacewa da wannan aiki, kuma a rufe sabar ta hanyar da za ta adana kafin ta mutu, ba a danne maɓallin wuta ba. Sabuntawa ma tana kawo cikas. Steam kan sabunta wasan a kwamfutocin 'yan wasa da kansa, sabar kuwa tana nan a tsohon zubi, sai ta ƙi karɓar kowa har sai wani ya sabunta ta.

Wannan wanin shi ne ragowar matsalar. Ko an yi haya, asusun da sunan mutum ɗaya yake, katin bankinsa ke biya, shi ke da kalmar sirri. In ya daina biya, kamfanin zai rufe sabar, daga baya ya share abin da ke kai. Ƙungiyoyin da duniyarsu ke daɗewa sukan sa mutum biyu ko uku a jerin masu iko, su raba kuɗin wata a tsakaninsu, sannan a ƙarshen kowane mako wani daban da mai asusun ya sauke kwafin fayil ɗin duniyar ya ajiye a tasa kwamfutar.